Yadda ake haɗa makunnai biyu, uku ko fiye su riƙa kunna fitila ɗaya

Wanda ya taɓa hawa matattakalar bene cikin duhu yana laluben bango da tafin hannu, don kawai makunnin fitilar yana can ƙasa ya baro shi, ba ya buƙatar dogon bayani kan amfanin wannan aiki. Haka wanda ya kwanta, barci ya fara ɗibarsa, sannan ya tuna sai ya miƙe ya taka har bakin ƙofa kafin ya kashe wuta. Maganin duka biyun ɗaya ne: fitila guda, makunnai biyu ko fiye, kowanne ya kunna ya kashe ko da yaya aka bar ɗan'uwansa.

Aikin ba shi da wuya. Abin da ke ɗaure wa mutane kai shi ne sun haddace zane, amma ba su san hanyar da wutar take bi ba. Ranar da suka buɗe bango suka tarar launin waya ya saɓa da na zanen, ko ramukan makunnin ba su zauna inda suka saba ganinsu ba, sai su koma canki-canka, a sa nan a gwada, a cire a mayar can. Wuta kuwa ba a yi mata canki-canka. Shi ya sa zan fi daɗewa a kan hanyar, domin wanda ya gane ta zai iya zana nasa zanen a bayan kwali.

Hanyar da wuta take bi

Wayoyi uku ne ke aiki a layin fitila. Akwai layif, wadda ke ɗauke da wutar daga akwatin rabon wuta. Akwai nutural, wadda wutar ke komawa ta cikinta. Sai wayar ƙasa, wadda masu wayarin ke kira at, ita ba ta ɗaukar komai sai ranar da wani abu ya lalace, ranar ce take tsakaninka da mutuwa.

Doka ta farko, wadda ba ta da sassauci: makunni layif yake yankewa, ba nutural ba. Nutural tana tafiya kai tsaye zuwa fitila, ba ruwanta da makunni. Idan aka juya, aka sa makunnin a kan nutural, fitilar za ta kunnu ta mutu lafiya lau, babu wanda zai lura da komai, amma mazaunin ƙwan yana nan da wuta dare da rana. Na taɓa hawa tsani zan canza ƙwai a wani gida, makunni a kashe, ɗaki duhu, na ce bari dai in taɓa testa kafin in kai yatsa. Ta kama ja jawur. Har yau idan na tuna tazarar da ke tsakanin yatsana da wancan ƙarfen sai jikina ya yi sanyi. Wanda ya yi wayarin ɗin bai yi da mugunta ba, ya ga fitila ta kama ne ya ɗauka aiki ya yi.

Makunni na yau da kullum ramuka biyu gare shi: ko ya haɗa su, ko ya raba su. Wanda muke buƙata a nan, wato tu-we, ramuka uku gare shi. Ɗaya an rubuta masa COM ko C, sauran biyun L1 da L2. A cikinsa akwai ɗan harshen ƙarfe wanda gindinsa ke kafe a COM, bakinsa kuma yana lilo tsakanin L1 da L2. Ka danna sama, COM ya haɗu da ɗaya. Ka danna ƙasa, ya saki wannan ya kama ɗayan. Ba shi da matsayin da za a ce a kashe yake, kullum yana riƙe da ɗaya daga cikin biyun.

To, ka ɗauka akwai hanyoyi biyu a jere tsakanin makunnin ƙasa da na sama. Wuta ta shigo ta COM na makunnin ƙasa, shi kuma ya tura ta ko dai hanya ta ɗaya ko ta biyu. Makunnin sama yana tsaye a ƙarshen hanyoyin, amma hanya ɗaya kawai yake iya tara a lokaci guda, abin da ya tara kuma shi yake miƙa wa fitila ta nasa COM ɗin. Idan ya tari hanyar da aka turo wutar, fitila ta kama. Idan ya tari wadda babu kowa a kanta, duhu. Duk wanda aka danna cikin su biyun, lissafin ya juye. Wannan shi ne sirrin gaba ɗaya, duk abin da zai biyo baya ƙari ne a kansa.

Wani abu game da suna, don kada a sayar maka da abin da ba shi kake nema ba. A Ingila da ƙasashen da suka bi tsarinta, mai ramuka uku shi ake kira mai hanya biyu, mai ramuka huɗu da ake sawa a tsakiya kuma intamidiyet. A Amurka mai ramuka uku sunansa mai hanya uku, na tsakiyar kuma mai hanya huɗu. Abu ɗaya ne, suna ne ya bambanta. Kai dai juya bayansa ka ƙirga ramukan, ban da na wayar ƙasa.

Kafin ka taɓa komai

Kayan aikin ba su da yawa: sukundireba mai rufaffen hannu, filaya, abin fere waya, kanekta, salatif, da mita mai gwada ƙarfin wuta wadda kuma take yin ƙara idan bakinta biyu suka haɗu ta cikin waya. Wannan ƙarar ita ce idonka a duk aikin. Waya kuma, inda wutar gida take bolt 230, ana jan layin fitila da mai kaurin murabba'in milimita 1.0 ko 1.5, a bayan bireka (na'urar da ke yanke wuta idan ta yi wa waya yawa) mai amfiya 6 galibi. A Amurka, inda wutar take bolt 120, waya mai lamba 14 suke sawa a bayan bireka mai amfiya 15. Kada ka ƙara girman bireka don tana yawan faɗuwa. Wayar take karewa, idan ta fi ƙarfin wayar, wayar ce za ta ƙone a cikin bango.

Ka kashe birekar layin da za ka yi aiki a kai, in kuma kana da shakka ka kashe babbar gaba ɗaya. Ka manna mata salatif da takarda, ka kuma gaya wa mutanen gida da bakinka, domin mai neman taimako ne yakan zo ya ga wuta ta ɗauke ya mayar da ita. Idan gidan yana da inbata, sola ko janareto, su ma ka raba su da layin. Kashe wutar waje ba ya hana inbata ciyar da fitilu, kuma layin fitilu ne aka fi ɗora mata.

Sannan ka tabbatar wayar ta mutu, kuma tabbatarwar hawa uku ce. Ka gwada mitarka a wurin da ka san akwai wuta, ka ga tana aiki. Ka gwada wayoyin da za ka taɓa, kowace da kowace: layif da nutural, layif da at, nutural da at. Ka koma ka sake gwada mitar a wurin mai wuta, don ka tabbata ba mutuwa ta yi a hannunka ba. Testa mai ɗan ƙwai a ciki tana da amfaninta, ita ce ma ta cece ni a kan tsanin nan, amma kamawarta ce abin yarda, rashin kamawarta ba hujja ba ce. A cikin hasken rana ko kana tsaye a kan busasshen katako tana iya yin shiru alhali wuta na nan. A akwatin makunnin bene musamman, ka gwada kowace waya, saboda sau da yawa layin sama da na ƙasa suna haɗuwa a akwati ɗaya, ka kashe ɗaya ɗayan yana raye.

A ƙasashe da yawa doka ta ce jan sabon layi aikin mai lasisi ne, ko kuma sai an zo an duba an sa hannu. Ka bi dokar inda kake. Idan kuma ka buɗe akwati ka ga robar waya tana farfashewa, ko alamar ƙuna, ko babu wayar ƙasa sam, ka rufe ka kira gwani. Wannan ya wuce maganar makunni.

Launi kuma, ka san shi amma kada ka ba shi amana. A tsarin da Turai ke bi yanzu, layif ruwan ƙasa ce, nutural shuɗiya, at kore da rawaya. Tsohon tsarin Ingila ja ne layif, baƙi nutural. An kawo sabon a 2004, aka daina sa tsohon a sabon aiki a 2006, amma gidaje da ƙasashe da yawa har yanzu ja da baƙi ne a bangonsu. Ga inda haɗarin yake: baƙar waya nutural ce a tsohon tsari, a sabon kuwa tana iya zama mai wuta. Shuɗiya mai wuta ce a tsohon kebul mai ciki uku, a sabon tsari kuma nutural ce. A Amurka baƙi ne layif, fari nutural. Gidan da hannu uku ko huɗu suka yi wa aiki cikin shekaru, za ka iya samun duka a akwati ɗaya.

Makunnai biyu: hanya ta farko

Wannan ita ce ta fi sauƙin ganewa, kuma ita ta dace da gidan da ake zura wayoyi ɗaiɗai a cikin fayif.

Ka fara da gano COM a kowane makunni tun yana hannunka, kafin ya je bango. Rubutun da ke bayansa ƙanana ne, wani lokaci ma babu. Ka sa mita a wurin ƙara, ka ɗora bakinta a ramuka biyu, ka danna makunnin sama da ƙasa. Ramin da ke yin ƙara da wannan idan an danna sama, ya kuma yi ƙara da wancan idan an danna ƙasa, shi ne COM. L1 da L2 ba sa taɓa yin ƙara da junansu. Ka ɗiga masa alama da biro. A makunnan Amurka notin COM yakan fi sauran duhu, amma ko a nan gwajin bai fi rabin minti ba. Kada ka ce ai na wancan kamfanin a sama yake, don haka wannan ma a sama yake. Kowane kamfani da inda yake ajiye nasa.

Daga nan sai jan waya. Layif daga akwatin rabo, ko daga inda layin fitilu ya biyo, ta shiga COM na makunni na farko. Wayoyi biyu su tashi daga L1 da L2 na farko su tafi L1 da L2 na biyu, waɗannan su ne hanyoyin nan biyu. Daga COM na makunni na biyu waya ɗaya ta tafi fitila. Nutural ta tafi fitila kai tsaye. Wayar ƙasa ta bi ko'ina, ta shiga kowane akwati, a ɗaure ta a jikin akwatin in na ƙarfe ne, da fuskar makunnin in ita ma ƙarfe ce, da jikin fitilar.

Tun kana zura wayoyin ka yi musu alama a kowane baki. Wayoyi huɗu masu launi ɗaya da suka leƙo daga fayif babu mai iya bambanta su da ido. Ni nakan naɗa salatif zagaye ɗaya a hanya ta ɗaya, zagaye biyu a ta biyu, in bar ta COM da doguwar jela. Idan ka manta ba ka yi ba, ga dabara: wuta a kashe, ka murɗe bakin wayoyi biyu a can ɗaya ƙarshen, ka dawo nan ka nemi biyun da mita za ta yi wa ƙara.

Idan hanyoyin biyu suka harɗe, wato L1 na nan ta faɗa L2 na can, babu abin da zai lalace. Bambancin kawai shi ne ko fitilar tana mutuwa idan makunnan suna kallon gefe ɗaya, ko idan sun saɓa. Ni na fi son ta mutu idan dukansu suna matsayin da sauran makunnan gidan ke kashewa, don ido ya huta. In ba ta zo haka ba, musanya wayoyin L1 da L2 a makunni ɗaya kawai.

Wajen ɗaurewa a nan ake gane hannun da ya iya. Ka fere kamar milimita 10, ba tare da ka ji wa jan ƙarfen ciwo ba, domin inda wuƙa ta karce nan waya take karyewa bayan an tura ta cikin akwati. In siririya ce ka ninka bakin biyu don noti ya sami abin kamawa. Ka tura har robar ta zo daf da ramin: kada jan ƙarfe ya leƙo waje, kada kuma noti ya danne roba. Ka ɗaure, sannan ka ja wayar da ɗan ƙarfi. Wadda za ta zare gara ta zare a hannunka yanzu. Sako-sakon haɗi shi ke kawo zafi, zafi ya kawo wannan ƙaurin robar da ake ji a rasa daga ina yake fitowa.

Hanya ta biyu: idan akwai makunni ɗaya tun da

Sau da yawa ba sabon gini ba ne. Fitila tana nan da makunninta guda, kana so ka ƙara na biyu a bakin gado ko a ƙarshen baranda, ba ka kuma son fasa silin. A nan akwai hanyar da ta fi dacewa, wadda ake yi da kebul mai ciki uku da at. A sabon launi cikinsa ruwan ƙasa ne da baƙi da ruwan toka, a tsohon kuma ja da rawaya da shuɗi.

A tsohon akwatin za ka tarar da wayoyi biyu a jikin makunnin: layif mai shigowa, da wadda ke tafiya fitila. Ka cire tsohon makunnin ka kawo tu-we. Layif ta shiga L1, mai tafiya fitila ta shiga L2. Lura, a wannan tsarin ba COM suke shiga ba. Sai ka ja kebul mai ciki uku zuwa sabon wurin, ka haɗa kowane rami da takwaransa: COM da COM, L1 da L1, L2 da L2. Ke nan a makunni na farko L1 da L2 kowanne yana ɗauke da waya bibbiyu, na biyun kuma waya uku ne kacal a jikinsa.

Bi ta da yatsa ka gani. L1 kullum tana da wuta a duka makunnan, L2 kullum tana manne da fitila, wayar COM kuma gada ce a tsakani. Idan makunni ɗaya ya kama L1 ɗayan ya kama L2, wuta ta hau gadar ta tsallaka zuwa fitila. Idan dukansu suka kama gefe ɗaya, babu tsallakawa. Sakamakon daidai yake da na hanyar farko, sai dai duk haɗin da ya shafi fitila yana akwati ɗaya, wanda zai zo gyara bayanka zai gode maka.

Duk cikin ukun nan masu wuta ne, babu nutural a cikinsu ko da launinsu ya yi kama da ita. Ka sa wa kowace 'yar rigar roba ko salatif mai launin layif a bakinta. Kuma ko da wasa kada ka mayar da wayar ƙasa hanyar wuta don kebul ɗinka mai ciki biyu ne kana ƙyashin sayen mai uku. Na san ana yi. Wanda zai buɗe akwatin nan bayan shekara goma zai ga kore da rawaya ya kama ta da hannu, domin duk duniya an gaya masa ita ce ba ta cizo.

Wuri uku, huɗu, har abin da ya fi

Ƙa'idar ba ta canzawa: tu-we biyu a bakin layi, ɗaya a farko ɗaya a ƙarshe, duk abin da ke tsakaninsu intamidiyet ne. Wuri uku, intamidiyet ɗaya. Wuri biyar, guda uku.

Shi intamidiyet ba ya kunna komai da kansa. Hanyoyin nan biyu ne suke ratsa ta cikinsa, biyu su shiga biyu su fita. A danni ɗaya yana barinsu su wuce a miƙe, a ɗaya dannin kuma ya harɗe su, ta ɗaya ta koma ta biyu, ta biyu ta koma ta ɗaya. Tunda ka riga ka san harɗe hanyoyin yana juya lissafi, ka ga dalilin da ya sa ko guda nawa ka jera, kowanne zai iya juya fitilar.

Wahalarsa ɗaya ce, gane waɗanne ramuka biyu ne na shiga, waɗanne ne na fita. Wani kamfanin yana rubuta L1, L1, L2, L2, wani L1 zuwa L4, wani kibiyoyi kawai yake zanawa, kuma ba su yarda da juna kan ko biyun sama ne ke tafiya tare ko biyun gefe ba. Ga yadda za ka raba gardama. Ka ɗora bakin mita ɗaya a kowane rami ka ga dama. Ka zagaya sauran ukun, kana danna makunnin sama da ƙasa a kowanne. Biyu za su yi ƙara, ɗaya a wannan danni ɗaya a wancan. Na ukun ba zai yi ƙara ba ko yaya ka danna. To wannan mai shirun shi ne abokin tafiyar ramin da ka fara da shi. Wayoyi biyun da suka fito daga makunnin baya su shiga waɗannan, biyun da za su wuce gaba su shiga sauran.

Idan da tsarin kebul mai ciki uku kake aiki, wayar COM ba ta shiga intamidiyet. Ka haɗa ta da 'yar'uwarta da kanekta a bayan akwatin ta wuce abinta. Ka nemi akwati mai ɗan zurfi a nan, domin wayoyi shida da at da kanekta ba sa zama lafiya a akwatin da bai kai milimita 25 ba, kuma matse su da ƙarfi shi ke sa notin fuska ya huda roba.

Gwaji, da karanta alamar kuskure

Kafin ka mayar da wuta, ka cire ƙwan, ka sa mita tsakanin layif mai shigowa da wayar da ta isa mazaunin ƙwai, wani ya riƙa danna maka makunnan. Kowane danni guda dole ya canza ƙarar, in tana yi ta daina, in ba ta yi ta fara. Ka kuma duba babu ƙara tsakanin layif da nutural, ko layif da at. Sannan ka rufe akwatunan, ka sa ƙwai, ka mayar da bireka.

Kada ka tsaya a danni biyu ka ce ya yi. Makunnai biyu suna da yanayi 4, uku suna da 8, huɗu suna da 16, kuma a rabinsu cif fitilar za ta kasance a kunne. Ka bi su duka.

Akwai wani gida da aka kira ni, maigidan ya ce shekara da shekaru suna fama da fitilar bene, har an kafa wa yara doka kada wanda ya taɓa makunnin ƙasa, domin in aka taɓa shi na sama ya daina aiki. Sun ɗauka halin fitilar ke nan. Da na buɗe, layif tana cikin L1, ɗaya daga hanyoyin kuma tana cikin COM. Musanya waya biyu ne, bai kai minti biyar ba. Wannan ita ce alamar da za ka fi yawan gani: makunni ɗaya yana aiki ne kawai idan ɗayan yana wani matsayi, fitila tana kamawa a yanayi ɗaya cikin huɗu. COM ne ya ɓata wuri, ko kuma ɗaya daga hanyoyin ta zare daga raminta. Idan kuwa na tsakiya ne in an danna shi gefe ɗaya sauran duk su daina tasiri, fitilar ta ƙi kamawa sam a tsarin haɗi na farko, ko ta ƙi mutuwa a tsarin kebul mai ciki uku, to ramukan shiga da na fita ne aka cakuɗa.

Idan na'urar RCD, wadda ke yanke wuta da zarar miliamfiya 30 ta zurare, tana faɗuwa duk lokacin da aka kunna fitilar bene, ka binciki nutural. Tsofaffin masu wayarin sukan ɗauko layif daga layin ƙasa, su ari nutural daga layin sama don ta fi kusa. Fitila za ta kama, amma wutar ta fita ta wani layi ta dawo ta wani, kuma mai gyaran layin sama zai iya kashe birekarsa, ya raba nutural, wuta ta ja shi daga layin ƙasa. Layif da nutural na fitila ɗaya dole su fito daga layi ɗaya.

A tsofaffin gidaje ƙwarai kana iya cin karo da wani haɗi da ake kira tsarin Carter, inda ake kai layif da nutural duka cikin L1 da L2 na kowane makunni, fitilar kuma ta rataya tsakanin COM biyu. Yana aiki, amma a ɗaya daga yanayin kashewarsa duka ɓangarorin ƙwan suna da wuta. Dokar wayarin ta Amurka ta hana shi tun 1923. In ka gan shi kada ka gyara, ka warware ka sake ja.

Wani abin da ke tayar wa mutane hankali shi ne ƙwan LED da ke ɗan haske ko ƙiftawa bayan an kashe. Yawanci ba kuskuren haɗi ba ne. Wayoyin hanya suna tafiya kafaɗa da kafaɗa mita da yawa, mai wuta tana ɗan shafa wa maras wuta, kuma LED abin da take buƙata kaɗan ne ƙwarai. Makunni mai ɗan haske a fuskarsa ma yana jawo haka. Amma kafin ka ɗora wa wannan laifi, ka tabbatar ba nutural aka yanke ba, domin alamarsu tana kama. In komai daidai ne, canza ƙwan zuwa mai inganci, ko a sa ɗan kafasito da aka yi don wannan aiki a jikin fitilar.

Mai son dima, wato makunnin rage haske, guda ɗaya ake sawa a layin, a mazaunin ɗaya daga tu-we ɗin, sauran su zauna yadda suke. Dima biyu na yau da kullum ba sa zama a layi ɗaya, sai irin waɗanda aka ƙera su yi aiki tare.

Idan wuraren sun haura huɗu ko biyar, kamar doguwar baranda ko bene mai hawa da yawa, ni ba na ba da shawarar jera intamidiyet. Kowanne ƙarin haɗi huɗu ne, kuma guda ɗaya ya saki duk layin ya rikice. A Faransa da Jamus an saba amfani da rile mai riƙewa, wato makunnin da wuta ke juyawa ya zauna a inda aka bar shi: ana sa shi a akwatin rabo, a kowane wuri kuma maɓallin dannawa irin na ƙararrawa, dukansu a jere a kan waya biyu. Kowane danni yana juya rilen, kuma ƙara wuri na goma bai fi ƙara na uku wuya ba. Makunnan zamani masu aiki da wayar salula ko rimot su ma suna magance matsalar, sai dai yawancinsu suna buƙatar nutural a cikin akwatin makunni, abin da tsofaffin gidaje ba su da shi. Dokar Amurka ta fara neman a kai nutural yawancin akwatunan makunni tun 2011 saboda irin waɗannan na'urori. Don haka in sabon fayif kake zurawa yau, ka ƙara nutural guda ta kwanta a akwatin, ka rufe bakinta da kanekta, ka naɗa mata alama.